Fashin Baƙi Kan Waƙar Gargaɗi Ga Masu Keta Zamani

Waƙar da zan yi wa fashin baƙi a nan babu ita a bakin kowa, domin ba a taɓa rera ta ba, kuma mutanen da aka yi ta dominsu ba a haife su ba tukuna, idan ma har za a haife su. Ƙirƙirarta na yi a zuci bisa tambaya guda: a ce wata rana ɗan Adam ya sami hanyar keta zamani, ya koma shekarun da suka shuɗe ko ya tsallaka zuwa waɗanda ba su zo ba, wane guzuri za a ba shi wanda ba zai jiƙe ba, ba zai ƙone ba, ba za a ƙwace masa a hanya ba? Littafi yana iya faɗawa ruwa, na'ura tana mutuwa da zarar batirinta ya ƙare a zamanin da babu wutar lantarki, takarda kuwa, idan aka kama mutum da ita a cikin jama'ar da ba su san irin rubutun ba, ita ce za ta zama shaidar da za a yanke masa hukunci da ita. Abin da ya rage shi ne abin da aka haddace, kuma a cikin abubuwan da ake haddacewa babu mai daɗewa a ka kamar waƙa.

An riga an ga yadda waƙa take ceton rai a zahiri. A tsibirin Simeulue da ke gefen Sumatra a ƙasar Indonesiya, igiyar ruwa ta tsunami ta hallaka jama'a da yawa a shekarar 1907, sai waɗanda suka tsira suka saka abin da suka gani cikin labari da waƙa, har da wadda iyaye mata ke yi wa jarirai, da wata kalma tasu, smong. Saƙon gajere ne: idan ƙasa ta girgiza da ƙarfi, teku kuma ya janye ya bar gaɓa a bushe, kada a tsaya kallo, a gudu kan tudu. Ranar 26 ga Disamban 2004, lokacin da tsunami ta kashe mutane fiye da 200,000 a ƙasashen da ke kewaye da Tekun Indiya, mutum 7 kacal suka mutu a wannan tsibiri mai mutane sama da 70,000, alhali yana daga cikin wurare mafi kusa da inda girgizar ta taso. A wasu gaɓoɓin mutane sun bi ruwan da ya janye suna tsintar kifi a kan yashi, su kuwa jikokin mutanen 1907 sun riga sun kama hanyar tudu.

Masana ma sun taɓa zuwa wannan matsaya ta wata hanyar. A 1981 Ma'aikatar Makamashi ta Amurka ta haɗa kwamiti domin ya nemo yadda za a gargaɗi mutanen da za su rayu nan da shekara 10,000 kada su tona wuraren da aka binne sharar nukiliya. Matsalar ita ce rubutu kansa bai wuce shekara 5,000 da 'yan kai ba a duniya, kuma rubutun tsohuwar Masar ya yi ƙarnuka babu mai iya karanta shi sai da Champollion ya warware shi a 1822. Masani Thomas Sebeok ya ba da shawarar a kafa wasu al'adu da almara da za a riƙa gada daga tsara zuwa tsara, a 1984 kuma Françoise Bastide da Paolo Fabbri suka kawo shawarar a samar da kyanwoyi masu sauya launi idan sun kusanci tururin nukiliya, sannan a cusa tsoron wannan sauyin launi cikin waƙoƙi da karin magana. Shawarar tana da ban dariya a ji na farko, amma tunanin da ke ƙarƙashinta daidai yake: saƙon da ake so ya keta zamani, baki ya fi dutse iya ɗaukarsa.

To, waƙarmu ƙwar biyu ce, mai amsa-amon "ni", kuma amshinta shi ne:

*Mai keta zamani, tsaya ka ji ni,
Wanda ya ƙi ji, ai ba ya ƙin gani.*

Abin da ya fi muhimmanci a gina ta, a ganina, shi ne jerin baitocin. Masu ƙaga labaran keta zamani sun fi ɗokin rikicin mutumin da ya koma baya ya hallaka kakansa, har ya zama kamar shi ne babban haɗarin tafiyar. Waƙar gargaɗi ba za ta bi wannan ɗoki ba, domin wanda ya ruɗe yakan tuna farkon waƙa ne kawai, sauran ya ɓace masa. Saboda haka aka jera baitocin bisa saurin kisa: abin da ke kashewa cikin daƙiƙu ya zo farko, mai kashewa cikin mintuna ya biyo, sai na kwanaki da makonni, wanda kuwa ba a ma tabbatar yana kisa ba a bar shi can ƙarshe.

*Ƙasa ba ta kwana inda ta yini,
Auna wuri kafin ka auna zamani.*

Duniyar da muke tsaye a kanta tana kewaya rana da gudun kusan kilomita 30 a kowace daƙiƙa, wato cikin minti 7 takan matsa da tazarar da ta kai faɗinta gaba ɗaya. Rana ita ma, da duk abin da ke biye da ita, tana kewaya tsakiyar gungun taurarinmu da gudun da ya haura kilomita 200 a daƙiƙa. Wanda ya ce wa na'urarsa ta mayar da shi jiya a daidai wannan wuri, idan na'urar ta ɗauki maganarsa a zahirinta, zai buɗe ido ne a sararin samaniya inda babu iska, kuma mutum a irin wannan hali yakan suma cikin daƙiƙa 15 ko ƙasa da haka. Babu lokacin tuna baiti na biyu.

A nan akwai wata dabara da baitin ya ɓoye a cikin kalmar "auna". Tun daga Galileo har zuwa Einstein, ilimin kimiyyar lissafin motsi ya nuna cewa babu wani turke a sararin samaniya da za a ce shi ne tsayayye, sauran abubuwa ke motsi a kewayensa. Cewa "wuri ɗaya" a lokuta biyu mabambanta magana ce da ba ta da ma'ana sai an faɗi da me aka gwada: da ƙasa, da rana, ko da taurari. Don haka baitin bai ce wa matafiyi lalle za a bar shi a baya ba, ya dai ce masa ya tambayi wanda ya ƙera na'urar da wane turke ya ɗaure ta, kuma kada ya shiga sai ya ji amsa.

Ko an ɗaure ta da ƙasa, da sauran rina a kaba, domin fuskar ƙasa ba ta zama yadda take. Tsofaffin birane suna hawa kan ɓaraguzan kansu, shi ya sa titunan Rum ta dā suke mitoci da dama ƙarƙashin titunan yau, wanda ya koma can zai faɗo daga sama, wanda ya taso daga can zuwa yau kuma zai tsinci kansa binne. Kimanin shekara 20,000 da suka wuce, ƙanƙara mai kaurin kilomitoci ta rufe Kanada da arewacin Turai, teku kuma ya yi ƙasa da kusan mita 120, har ana iya takawa da ƙafa daga Ingila zuwa Faransa, ko daga Saberiya zuwa Alaska. Taswirar da matafiyi ya haddace a makaranta ta zamaninsa ce kaɗai.

*Kada ka shaƙi iskar da ba ka sani,
Kunna fitila, ita ce mizani.*

Iskar da muke shaƙa yau kashi 21 cikin ɗari nata oksijin ce, amma duniya ta kai shekara biliyan 4.5, kuma kusan rabin wannan zamani babu oksijin a sararinta da za a ambata. Sai wajen shekara biliyan 2.4 da suka wuce ta fara taruwa, sakamakon aikin wasu ƙananan halittu masu amfani da hasken rana, kuma ta ɗauki dogon zamani bayan haka kafin ta kai yadda za ta riƙe numfashin mutum. Ma'ana, idan aka rufe ido aka zaɓi rana ɗaya daga tarihin duniya, mafi rinjayen zato shi ne ranar da mutum zai shaƙe ce.

Na zaɓi fitila a wannan baiti ne saboda gargaɗin da bai zo da abin yi ba rabin gargaɗi ne. Masu haƙar kwal sun daɗe suna karanta iska daga harshen wuta, musamman bayan fitilar da Humphry Davy ya ƙera a 1815: idan harshen ya dusashe ko ya mutu, iskar ba ta da kyau, a fita. Wuta takan mutu tun kafin oksijin ya yi ƙarancin da zai kayar da mutum, don haka tana ba shi ɗan lokacin ja da baya. Tana kuma faɗar akasin haka. Wajen shekara miliyan 300 da suka wuce oksijin ya haura na yau sosai, zamanin da aka yi ƙwari masu fukafukai da faɗinsu ya kai santimita 70, kuma a irin wannan iska harshen fitila zai yi tsalle da haske fiye da yadda aka saba, alamar cewa tartsatsi ɗaya ya isa ya cinye daji. Sai dai a lura, ana gwajin ne daga bayan ƙofa a rufe, a tura fitilar waje a leƙa ta gilashi, kuma fitila ba ta gane kowace irin guba.

*Akwai cutar da za ka tarar, ba magani,
Akwai wadda ka ɗauko, tana cikin jini.*

Ɗango na farko kowa zai fahimce shi. Cutar agana, wadda takan kashe kusan mutum 3 cikin 10 da ta kama, an ga na ƙarshe da ya kamu da ita ta hanyar yaɗuwa a Somaliya a 1977, Hukumar Lafiya ta Duniya kuma ta bayyana kawar da ita a 1980, daga nan aka daina yi wa jama'a rigakafinta. Yawancin waɗanda aka haifa bayan wannan lokaci jikinsu bai san ta ba sam, saboda haka matafiyin zamaninmu ya fi mutanen dā rauni a gabanta, duk da ƙoshin lafiyarsa. Ga annobar da ta ratsa Turai tsakanin 1347 da 1351 ta tafi da aƙalla kashi ɗaya cikin uku na mutanenta, ga murar 1918 da ta kashe miliyoyi masu yawa a faɗin duniya, ga kuma ɗan yanka a yatsa wanda kafin Alexander Fleming ya gano penisilin a 1928 yana iya ruɓewa ya kai mutum kabari.

Ɗango na biyu ne ya fi nauyi, kuma shi ne wanda matafiyi zai fi son mantawa, domin yana mayar da shi daga wanda ake jin tsoro a kansa zuwa wanda ake jin tsoronsa. Tarihi ya nuna abin da ke faruwa idan jama'ar da ba ta taɓa haɗuwa da wata cuta ba ta karɓi baƙon da ke ɗauke da ita. Agana ta shiga birnin Tenochtitlan na Meziko a 1520 ta karya shi tun kafin takobin mayaƙan Sifaniya ya gama aikinsa, ƙyanda kuma ta shiga Fiji a 1875 ta kashe kusan kashi ɗaya cikin huɗu na mutanen tsibiran, ko ma fiye. Waɗanda suka kai cututtukan ba su yi niyyar kisa da su ba, numfashi kawai suka yi. Mutumin yau yana ɗauke da nau'o'in mura da ba su wanzu ba shekara 500 baya, da ƙwayoyin cuta da suka saba da magungunan zamani har suka daina jin su. Lokacin da 'yan sama-jannatin Apollo 11 suka dawo daga wata a 1969, sai da aka killace su har kwana 21 suka cika, alhali wata ba shi da rai ko ɗaya da aka sani. Wanda ya fito daga wani ƙarni ya fi su cancantar killacewa, a zuwa da kuma a dawowa.

*Kwana goma sun ɓace, ba wanda ya gani,
Tambayi mai ƙirga da wane ma'auni.*

Wannan baiti ba ya kisa da kansa, kuma na yi ta kai-kawo a kan ko a cire shi. Na bar shi ne saboda kuskuren kwanan wata yana iya jefa mutum cikin abin da ya yi shirin kauce wa. A 1582, bisa gyaran kalandar da Fafaroma Gregory na 13 ya yi, ranar Alhamis 4 ga Oktoba ta wayi gari Juma'a 15 ga Oktoba a ƙasashen da suka karɓi gyaran. Ingila ba ta bi ba sai 1752, Rasha kuwa sai 1918, don haka rana ɗaya tana da kwanan wata biyu gwargwadon garin da aka rubuta ta. Shekarar Hijira ta gaza ta rana da kusan kwana 11, ƙirgen Miladiyya kuma ba shi da shekarar sifiri. Idan aka yi nisa sosai, yini kansa yana sauyawa, domin zanen girma da ke jikin tsofaffin murjani ya nuna cewa wajen shekara miliyan 380 baya shekara tana da kwana kusan 400, kowanne bai kai awa 24 ba.

*Kuɗin aljihunka ya fi ka bayani,
Kame bakinka sai ka koyi lisani.*

Mai karatun da ya san ƙissar As'habul Kahfi ya riga ya san rabin wannan baiti. Samarin sun farka suna zaton yini ɗaya ko wani yanki na yini suka yi, alhali shekara 300 ne da ƙarin 9, sai suka aiki ɗayansu birni da kuɗin azurfa ya sayo abinci, tare da jan kunnen ya bi a hankali kada ya bari kowa ya farga da su. Masu tafsiri sun ruwaito cewa kuɗin ne ya tona shi. A kwatanta wurin a zuci: saurayi ya miƙa azurfarsa yana jiran a ba shi abin da ya saya, mai sayarwa ya juya ta a tafin hannu, ya kai ta kusa da ido, ya ga tambarin sarkin da ya mutu tun zamanin kakannin kakanninsa, ya ɗago kai ya dubi saurayin, sannan ya kira maƙwabcinsa ya zo ya gani. Saurayin bai faɗi ƙarya ko ɗaya ba, kuma bai yi wani laifi ba, amma jama'a sun riga sun kewaye shi ana tambayar inda ya tono taska.

Wanda ya tafi baya halinsa ya fi wannan muni, domin kuɗinsa na ɗauke da shekarar da ba ta zo ba da hoton wanda ba a haifa ba. Haka tufafinsa, da ɗinkin da ya fi ƙarfin allurar hannu, da zif, da tabarau, da cikon haƙori. Harshe kuwa ruwa ne mai gudu: Baturen Ingila na yau ba ya iya karanta Ingilishin shekara 1,000 baya sai ya koye shi kamar baƙon harshe, kuma tun kafin a kai nan, karin magana da gaisuwa da sanin wanda ake durƙusa wa sun isa su nuna cewa mutum ba ɗan gari ba ne. Baƙon da ba a san asalinsa ba, ba shi da dangi ko mai tsaya masa, shi ne na farko da ake nunawa da yatsa idan annoba ta ɓarke ko ruwa ya ƙi sauka, kuma a Turai kaɗai dubun dubatar mutane aka kashe bisa zargin maita tsakanin ƙarni na 15 da na 18.

"Kame bakinka" yana da wata fuska da ta fi ba ni tausayi. Matafiyi zai ga mutane na mutuwa da abin da ya san maganinsa, zuciyarsa kuma za ta ce ya yi magana. A 1847 likita Ignaz Semmelweis ya sa masu karɓar haihuwa a wani asibitin Biyana su riƙa wanke hannu da ruwan kulorin, mace-macen masu jego ya faɗo daga kusan kashi 18 cikin ɗari zuwa kusa da kashi 2, amma duk da haka yawancin likitocin zamaninsa suka ƙi karɓar maganarsa, ya mutu a 1865 ba a gaskata shi ba. Shi ɗan zamanin ne, mai shaidar karatu, mai alƙaluma a hannu. Ina ga baƙon da ba ya ko iya gaisuwa daidai? Wani zai ce ya kamata wannan baiti ya riga na cuta, tunda taron jama'a ya fi ƙwayar cuta saurin kisa, kuma ba zan yi musu da ƙarfi ba.

*In ka ga kakanka yana ɗan ƙanƙani,
Ratse hanya, bar shi ya zama wani.*

Sai yanzu muka iso inda masu labari suke farawa. Rikicin sananne ne: idan mutum ya koma baya ya hana kakansa girma, ba za a haifi uban ba, ba za a haife shi ba, to wa ya koma ya yi hanin? Abin da ya sa na ajiye baitin a nan shi ne, ma'anarsa tana sauyawa gwargwadon amsar da aka ba wata tambaya da har yau ba a warware ba, wato ko ana iya sauya abin da ya riga ya faru, kuma amsoshin da ake bayarwa uku ne.

Masanin Rasha Igor Novikov ya kawo ra'ayin cewa tarihi ɗaya ne kuma ba ya karo da kansa: duk abin da matafiyi zai yi a baya ya riga ya faru, yana cikin tarihin da ya haife shi. A wannan fahimta ko ya ɗaga hannu a kan kakansa wani abu zai gitta, ƙafa ta zame ko ya yi kuskuren mutum, baitin kuma ya zama nasihar da ba a buƙata amma ba ta cutarwa. Ra'ayi na biyu ya samo tushe daga aikin Hugh Everett na 1957, David Deutsch kuma ya ɗora shi a kan keta zamani a 1991: matafiyi yana sauka ne a wani reshe na tarihi daban, abin da ya ɓata a can ba ya taɓa reshen da ya fito. A nan ba zai shuɗe ba, amma yaron da ya cutar yaro ne na gaske, kuma babu tabbacin hanyar komawa gida.

Na uku shi ne wanda yawancin mutane ke ɗauka ba tare da sun yi tunani ba, wato tarihi ɗaya ne kuma ana iya sauya shi. Idan haka ne, baitin umarni ne da ba mai iya cikawa. A 1961 masanin yanayi Edward Lorenz ya so maimaita wani lissafi a kwamfuta, sai don ya rage wahala ya shigar da 0.506 a maimakon 0.506127, ya fita ya sha kofi, da ya dawo ya tarar da hasashen yanayin ya kama wata hanya daban gaba ɗaya. Bambancin da bai kai kashi ɗaya cikin dubu ba ya girma har ya cinye sakamakon. Rayuwar mutane ta fi iska sarƙaƙiya. Matafiyin da ya ratse hanya don kada ya haɗu da kakansa ya riga ya sa wani ya waiwaya, wani ya makara da minti ɗaya, kuma minti ɗaya a rayuwar iyaye ya isa ya sa a haifi wani yaro daban a maimakon wanda aka haifa. A ƙarƙashin wannan ra'ayi, saukar kanta ita ce ɓarnar, ratse hanya kuwa ihu ne bayan hari.

*Gobe tana karɓar baƙo kowane yini,
Jiya ba ta taɓa buɗe wa wani.*

Wannan ne kaɗai baitin da aka gwada a zahiri. Ka'idojin Einstein na 1905 da 1915 sun nuna cewa agogon mai gudu, da agogon da ke kusa da abu mai nauyi, suna tafiya a hankali idan aka gwada da waninsu. A 1971 wasu masana biyu, Hafele da Keating, suka ɗora agogunan atam masu tsananin daidaito a jiragen fasinja suka kewaya duniya, suka dawo da bambancin da lissafi ya faɗa. Agogunan taurarin ɗan Adam na GPS, masu nuna wa waya inda take, suna riga na ƙasa da kusan kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa a kowace rana, kuma da ba a gyara wannan ba da taswirar waya ta ɓatar da kowa. Wanda zai iya gudun kashi 99.5 cikin ɗari na gudun haske, shekararsa ɗaya za ta zama shekara 10 ga waɗanda ya bari. Tafiya gaba ke nan, kuma haɗarinta shi ne ba ta da tikitin dawowa. Ɗan sama-jannati Sergei Krikalev ya ɗanɗani ɗan kaɗan daga irin wannan baƙunta ta wata fuskar: ya tashi zuwa tashar sararin samaniya ta Mir a Mayun 1991 yana ɗan Tarayyar Sobiyat, ya sauko a Maris na 1992 ya tarar babu ƙasar.

Komawa baya kuwa yana nan a kan takarda kawai. Kurt Gödel ya nuna a 1949 cewa lissafin Einstein yana ba da damar hanyar da ke zagayowa ta koma jiya a wata irin duniya mai juyawa, Kip Thorne da abokan aikinsa kuma suka nuna a 1988 cewa ko an gina ƙofar komawa baya, ba za ta kai mutum baya da ranar da aka gina ta ba. Stephen Hawking ya yi zaton a 1992 cewa dokokin halitta suna hana abin gaba ɗaya, kuma ranar 28 ga Yunin 2009 ya shirya liyafa a Kambirij domin masu keta zamani, bai fitar da goron gayyata ba sai bayan an tashi. Babu wanda ya zo. Mai son waƙarmu yana iya cewa sun ji baiti na biyar ne suka kame bakinsu.

Saura baitin rufewa, inda mawaƙi kan faɗi sunansa domin a san mai ita. A waƙar da matafiya ke ɗauka gaba da baya, wannan wuri yana da matsala. A ce wani dattijo ya koya wa jikansa ita, jikan ya girma ya keta zamani ya koma baya, ya tarar da dattijon yana yaro, ya karya baiti na shida ya rera masa ita, yaron ya haddace, ya tsufa, ya koya wa jikansa. Kowane ɗango yana da wanda aka ji shi daga bakinsa, babu kuma lokacin da wani ya zauna ya tsara shi. Ga wata tambayar a ciki: waƙa takan goge a baki, kalma ta sauya, ɗango ya faɗi, amma wadda ke cikin wannan zagaye dole ta dawo daidai yadda ta tafi, harafi da harafi, in ba haka ba zagayen bai rufe ba. Amsa-amon da kari su ne kaɗai abin da zai iya riƙe ta haka. Don haka a wurin sunan mawaƙi abin da na iya sakawa shi ne:

*In an ce wa ya tsara ta, ce ban sani,
Na ji ta ga jikana, shi ya ji ta gare ni.*